Suna ɗaya, shekara ɗaya, kaya daban: yadda kundin kayan gyaran mota na kwamfuta yake aiki

Duk wanda ya taɓa kai mota gareji a Kano ya san wannan zirga-zirgar. Bakanike ya kwance abin da ya lalace, ya naɗe a tsumma, ya miƙa wa yaronsa tare da kuɗin a-daidaita: "Maza ka je Ƙofar Ruwa ka samo irin wannan." Yaro ya isa, mai shago ya jujjuya samfurin a hannu, ya ce, "Na wace mota ne?" Yaro ya ce, "Honda EOD ce, maigida." A ɗauko a ba shi. Ya dawo, a zo ɗaurawa, ramin noti guda ya ƙi haɗuwa, ko kan wayar ya zama mai baki uku alhali na motar baki biyu ne. Sai a koma. Mai mota yana kan benci tun hantsi, har an kira la'asar.

Galibi babu wanda ya yi ƙarya a cikinsu. Sunan da aka kira motar da shi ne bai isa ya raba ta da 'yan uwanta ba.

Ɗauki wannan Hondar. Accord ta 2003 da aka yi domin kasuwar Amurka, wadda muke ce wa EOD, mota ce daban da Accord ta 2003 da aka sayar a Turai. Jiki daban, fitilu daban, girma daban. Ta Turan ma da aka kai ta Amurka, sunan Acura TSX aka liƙa mata. To ga motoci biyu, suna ɗaya, shekara ɗaya, duka sun sauka a Kwatano ko Legas, duka suna yawo a titunanmu. Haka Corolla ta wancan zamanin: ta Amurka tana ɗauke da inji mai lita 1.8 da ake kira 1ZZ-FE, ta Turai kuwa sau da yawa 1.4 ce ko 1.6. Mu a nan kasuwa ce da motocin kowace nahiya suke haɗuwa, don haka ruɗanin da bakaniken Jamus ko na Amurka yake gani jefi-jefi, mu kullum ne.

Maganin da masu ƙera motoci suka yi wa wannan ruɗani shi ne kundin kayan gyara, wanda yanzu ya koma manhaja, ake taƙaita sunansa da EPC. Kamfanin Toyota yakan ce mota ɗaya tana da sassa kusan 30,000 idan aka ƙirga har da ƙananan notina. Kowane ɗaya yana da lambarsa. Da can littattafai ne masu kauri a kan kantar dillali. Daga baya aka riƙa ƙanƙance shafukan a kan wani ɗan fim da ake sawa a na'ura mai fitila a karanta. Sai faifan CD ya zo, kamfanin Volkswagen ya fito da nasa mai suna ETKA a 1989, wanda ya haɗa har da Audi da Seat da Skoda. BMW na da ETK, Porsche na da PET, Nissan na da FAST, Peugeot na da Service Box, dillalan Ford da wasu kamfanoni suna amfani da Microcat na wani kamfanin Ostareliya. Yau yawancinsu a intanet suke, ana sabunta su a kai a kai.

Duk bambancin sunayen, aikin iri ɗaya ne. Ka gaya wa manhajar wace mota ce, ta nuna maka zanen sashen da kake nema an warware shi gunduwa-gunduwa, kowace gunduwa da alama, ka taɓa alamar ta ba ka lamba. Mataki na farkon shi ne duk rikicin yake, don haka a nan za mu daɗe.

Lambar cesis, abin da take faɗa da abin da take ɓoyewa

Lambar da ake kira VIN, wadda mu muke ce wa lambar cesis, tana da gurabe 17, haruffa da alƙaluma a gauraye. Tun 1981 Amurka ta wajabta wannan tsari, sauran manyan kasuwanni ma suka bi. Za ka same ta a ƙasan gilashin gaba ta ɓangaren direba, ko a jikin ginshiƙin ƙofa, ko an buga ta a ƙarfen motar cikin bonet. Ba a sa haruffan I da O da Q a cikinta don kada a ruɗa su da 1 da 0. Idan ka ga O a takardun motarka, sifili ne wani ya kwafa ba daidai ba, kuma manhaja za ta ce ba ta san motar ba.

Gurabe ukun farko suna faɗin ƙasa da kamfani. A gurbin farko, J Japan ce, W Jamus, 1 da 4 da 5 Amurka, 2 Kanada, 3 Meziko. WVW Volkswagen ce, WDB Marsandi, VF3 Fijo, JHM Hondar da aka haɗa a Japan, 1HG wadda aka haɗa a Amurka. Wannan ba ilimin burga ba ne. Camry da ta fara da JT a Japan aka haɗa ta, wadda ta fara da 4T1 kuwa a jihar Kentucky. A ido tagwaye ne, amma masana'antun biyu ba lallai su sayi altaneta ko kayan birki daga hannun kamfani ɗaya ba, shi ya sa kundin yakan ba da lamba biyu ga abu ɗaya, ya ce wannan na 'yar Japan ce, wancan na 'yar Amurka.

A motocin Amurka gurbi na tara alƙalamin tantancewa ne, ana lissafo shi daga sauran, da shi manhaja take gane an yi kuskuren kwafi. Gurbi na goma shekarar ƙira ce: Y na nufin 2000, 1 zuwa 9 su ne 2001 zuwa 2009, A kuma 2010, a ci gaba a haka. Sai dai A ɗin nan ita ce kuma 1980, domin tsarin yana zagayowa duk shekara 30. A nan akwai wani tarko da yake cin mutane: shekarar ƙira ba ita ce ranar haɗawa ba. Motar da ta fito daga masana'anta a Satumban 2006 tana iya zama ƙirar 2007. Mai mota ya duba takarda ya ce 2006, ya sayi kayan tsohuwar ƙira.

Turawa kuma suna da nasu salon. Golf 3 takan fara da WVWZZZ1H. Waɗannan Z ɗin cike gurbi ne kawai, 1H ɗin shi ne ainihin sunan motar a wurin kamfani. Marsandi tana sa lambar ƙirar nan take bayan WDB, shi ya sa Bibut take farawa da WDB124. Motocin da aka yi domin cikin Japan kuwa ba su ma da gurabe 17 ɗin. Gajeriyar lamba ce mai ɗauke da sunan ƙira, sai ɗan layi, sai jerin alƙaluma.

Abin da mutane da yawa ba su lura da shi ba shi ne, lambar cesis ba ta ƙunshi duk bayanin motar a cikinta. Makulli ce. Kamfani yana da rajistar kowace mota da ya haɗa, da abin da aka sa mata a ranar, lambar ce take buɗe wannan rajista. Shi ya sa kundin kamfani na ainihi yake iya tace maka kaya har ya bar ɗaya tak, alhali shafin kyauta da ba shi da rajistar zai jero maka huɗu ya ce ka zaɓa.

Idan aka bar ka da zaɓi, sai ka koma jikin motar. Volkswagen tana liƙa wata farar takarda a cikin but, kusa da tayar safaya, cike da lambobi masu gurabe uku-uku da ake kira PR. Kowace tana faɗin wani abu: irin birki, irin shok, irin batir, irin kujera. Golf 5 kaɗai ta fito da faifan birkin gaba mai faɗin milimita 280, da mai 288, da mai 312. Ba za ka raba 280 da 288 da ido daga nesa ba, amma takardar nan ta sani. Abin takaici, ita ce farkon abin da mai fenti yake shafewa ko mai wanki ya kankare. Fijo da Citroën suna da wata dabarar da nake sha'awa: lamba ce da take ƙirga kwanaki tun daga Nuwamban 1976, don haka tana faɗin ainihin ranar da aka haɗa motar. Kundinsu yakan ce, wannan kayan daga lamba kaza zuwa kaza ne. Mai 406 da ya san inda tasa take a jikin ƙofa ya huta da rabin gardama. Toyota kuma tana da faranti mai ɗauke da cikakken sunan ƙira da lambar fenti da ta giya, kundinta yana rubuta wata da shekarar da aka fara sa kowane kaya da lokacin da aka daina.

Ita kanta lambar kayan tana magana

Lambar Toyota gurabe goma ce, biyar-biyar. Biyar ɗin farko suna faɗin irin kayan: 04465 fad ɗin birkin gaba ne, 04466 na baya, 90915 filtar mai, 17801 filtar iska. Biyar ɗin ƙarshe su ne suke bambanta na wannan mota da na waccan. Ta Volkswagen kashi uku ce. Kashin farko motar da aka fara ƙera kayan dominta, kamar 1H0 ga Golf 3 ko 1K0 ga Golf 5. Alƙalamin farko na kashi na biyu shi ne babban sashe: 1 inji, 3 giya, 6 birki da ƙafafu, 8 jiki, 9 lantarki. Harafin da yakan biyo a ƙarshe yana nuna wani bambanci ko gyara da aka yi, kuma harafin nan guda yana iya zama bambancin abin da zai shiga da wanda ba zai shiga ba.

A nan ne kundin yake dawo wa mutum da kuɗinsa, domin yana iya yin aikin a juye. Ka ba shi lamba, ya jero maka duk motocin da suke amfani da ita. Kayan da ya fara da 1K0 za ka tarar da shi a Jetta, da Audi A3, da Skoda Octavia, da Seat Leon. Sharon ɗin Volkswagen da ta cika tashoshinmu, da Ford Galaxy ta farko, da Seat Alhambra, masana'anta ɗaya ce ta haɗa su a Palmela ta ƙasar Fotugal, kayan jikinsu da na ƙafa da yawa ɗaya ne. Amma ka yi hattara, Galaxy mai fetur 2.0 da 2.3 injin Ford take ɗauke da shi, ba na Volkswagen ba. Pontiac Vibe kuma 'yar uwar Toyota Matrix ce, injinta na Toyota ne, duk da tambarin da ke gabanta. Tsofaffin masu shago sun san irin wannan dangantaka tun tuni, da gwaji da asara suka koye ta. Kundin yana ba yaron da ya fara sana'a jiya abin da maigidansa ya shekara ashirin yana tarawa.

Sai batun maye gurbi. Kamfani yakan janye lamba ya kawo sabuwa, ko don an gyara wani aibi, ko an sauya mai kawo kayan, ko an haɗe lambobi biyu sun zama ɗaya. Wani kayan an sauya masa lamba sau uku ko huɗu. Lambar da ka karanto a jikin tsohon ƙarfe tana iya zama ta mutu shekara goma da suka wuce, dillali ya ce babu, alhali abin yana kan kantarsa da sabon suna. Kundi mai kyau yana nuna wannan sarƙa. Wani lokacin ma yakan ƙara da cewa sabon ba ya shiga sai an sauya wani abu tare da shi.

Kundin kamfani da kundin 'yan kasuwa

Duk abin da na faɗa zuwa yanzu na kundin masu ƙera mota ne. Akwai wani iri na biyu. Toyota ba ita take ƙera fulogi ko shok da kanta ba. Kamfanoni irin su Denso da NGK da KYB da Aisin da Bosch da Valeo ne suke yi, kuma suna sayar da kaya a cikin kwalinsu da lambarsu. Don haɗa lambobin nan da na masu mota ne kamfanonin kayan gyara suka kafa TecDoc a Jamus a 1994. Amurka tana da nata tsarin da ake kira ACES da PIES. Yawancin shagunan intanet da suke tambayarka ƙira da shekara da inji, irin wannan rumbun ne a bayansu.

Amfaninsa a fili yake: ka sami lambar ainihi, ka ga kamfanoni goma da suke yin madadinta, ka zaɓi daidai aljihunka. Rauninsa kuma, masu sayarwa ne suke cika bayanan, kuma kowane mai sayarwa yana so kayansa su dace da motoci da yawa. A ganina, hanyar da ta fi aminci ita ce a fara da kundin kamfani a samo lamba, sannan a shiga na 'yan kasuwa da lambar a hannu. Wanda ya fara daga sunan mota ya koma gidan jiya.

Wa yake da ikon buɗe kundin? Wannan rigima ce ta doka a wasu wurare. Tarayyar Turai ta wajabta wa masu ƙera mota tun 2007 su bai wa garejoji masu zaman kansu damar samun bayanan gyara, a kan kuɗin da bai wuce kima ba. Jihar Massachusetts a Amurka ta yi dokar 'yancin gyara a 2012, ta faɗaɗa ta a 2020. Bakanikenmu yakan dogara ne da shafukan kyauta irin su Partsouq da Amayama da RealOEM, waɗanda suke nuna zanen don su sayar da kaya ko talla, ko kuma da kwafin sata da ake loda wa mutum a kwamfuta. Kwafin satar yana tsayawa ne a ranar da aka kwafe shi: babu sabuwar lamba, babu rajistar cesis, wani lokacin kuma da cutar kwamfuta yake zuwa. Ga motar 2004 mai yiwuwa ya wadatar. Ga ta bara, makaho ne.

Kada kuma a haɗa shi da na'urar da ake soka wa mota ta karanto matsala. Waccan tana cewa ga inda ciwo yake, littafin gyara yana cewa ga yadda ake kwancewa da ƙarfin da ake ɗaure noti, kundin kaya kuwa sunan abin da za a saya kawai yake faɗa.

Masu raya tsofaffin motoci

Ga mai farfaɗo da tsohuwar mota, kundin ya wuce jerin sayayya. Mutumin da ya sayi motar da wani ya kwance shekaru da suka wuce, notina a cikin gwangwanaye, zanen nan ne kaɗai zai nuna masa wace washa ce take gaba da wace. Shi ne kuma alƙalin da zai ce wannan madubin na asali ne ko daga baya aka sa. Marsandi tana ajiye katin bayanan kowace mota da ta haɗa, da lambar inji da launin fenti da irin kujeru, masu neman mayar da mota yadda ta fito suna neman wannan kati kamar takardar haihuwa. Motocin da suka girmi 1981 kowane kamfani da tsarin lambarsa, don haka akwatin da ake rubuta gurabe 17 ba zai karɓe su ba, sai an bi ta sunan ƙira.

Abin da suka fi tsoro shi ne su ga an rubuta an daina yin kayan. Ko a nan lambar tana da amfani, domin da ita ake farautar tsohon kaya sabo dal da ya kwana a sito, ko a gano wata motar da ta ci gaba da amfani da shi. Wasu kamfanoni sun ga akwai kasuwa: Nissan ta dawo da ƙera wasu kayan Skyline GT-R a 2017, Toyota ta biyo da na Supra da 2000GT da tsohuwar Land Cruiser 40, gidan tarihin Fijo da ke Sochaux ma yana sayar da kayan tsofaffin motocinsa.

Fijo 504 ta fi kusa da mu. A 1968 ta fito a Faransa, can suka daina yin ƙaramar a 1983, amma masana'antar PAN da ta fara aiki a Kaduna a 1975 ta ci gaba da haɗa ta har cikin shekarun 2000. Abin da Bature yake lallaɓawa a matsayin kayan tarihi, a kasuwar Panteka ta Kaduna abin neman abinci ne. Sai dai 'yar Kaduna an sa mata wasu kayan da aka yi a cikin gida, don haka ba kowane layi na kundin Faransa ne zai yi daidai da ita ba.

Wannan ya kawo mu ga iyakar abin gaba ɗaya. Kundi ya san mota ranar da aka haife ta. Bai san an sauke injinta a Kaduna an ɗora na Beljiyam ba. Bai san giyarta ta atomatik an mayar da ita ta hannu ba, ko gabanta na wata mota ne aka yanko aka haɗa bayan haɗari. Tun 1972 Najeriya ta koma tuƙi a hannun dama, don haka motar Ingila ko Japan da aka juya wa sitiyari tana ɗauke da lambar cesis da take rantsuwa cewa sitiyarinta yana dama, manhaja kuma za ta ba ka rak ɗin sitiyari da fitilun da suka dace da hakan. Ga irin waɗannan motoci, sai an goge jikin inji an karanto lambar da aka buga a kansa, a nemi kayan inji da ita, kayan jiki kuma da ta cesis. Samfurin da ke cikin tsumma bai yi ritaya ba. Haka kuma kundin ba ya raba gangariya da jabu. Mai yin jabu ma ya iya buga lamba daidai a kwali, har ya fi kowa iyawa.

Akwai wani gibi da ke ɓangaren masu sayarwa. Mafi yawan abin da ake saye a Ƙofar Ruwa da Ladipo ta Legas da Apo ta Abuja, har da Suame Magazine a Kumasi, kayan da aka ciro daga wata motar ne. Injin nan da ke ƙasa, da giyar nan, da burenbos ɗin nan, wato kwamfutar mota, duk daga mota suka fito mai lambar cesis ɗinta, wadda da an rubuta ta a jikinsu da fenti, da minti biyu ya isa a san ko za su zauna a motar mai saye. Amma ana farfasa motar, sai a rubuta wa kayan laƙabin motar da alli, "Muscle" ko "Big Daddy", guntun ƙarfen da lambar take jiki kuma a jefa shi cikin tarin da 'yan gwangwan za su auna a kilo.